Geysir: Sunan Marmaro Ɗaya Da Ya Game Duniya

In uwargida ta aiki yaro kasuwa ya sayo mata Omo, ba lalle ne garin sabulun da zai kawo ya zama na wannan kamfani ba. Haka kuma Maggi: kowane ɗan dunƙulen da ake jefawa cikin miya, da wannan suna ake kiransa. Sunan abu guda ne ya rinjayi sauran, har ya zama sunan dukan irinsa. Wannan hali ba na Hausa kaɗai ba ne, kowane harshe yana da shi. Ɗaya daga cikin manyan misalansa kuwa shi ne kalmar da yawancin duniya take kiran maɓuɓɓugar ruwan zafi mai tsartuwa sama.

Mai karatu wanda ya taɓa zuwa Tafadek a arewacin Agadas, ko Wikki a dajin Yankari, ya san akwai ruwan da yake fitowa daga ƙasa da ɗuminsa. Amma waɗannan a hankali suke gudana, mutane suna shiga su yi wanka. Wanda ake zancensa a nan dabam yake. Rami ne cike da ruwa mai tafasa. Yakan yi shiru na ɗan lokaci, sa'an nan farat ɗaya ya yi ruri, ya tsarto ruwa da tururi sama har su fi rimi tsawo, ya kuma koma ya kwanta kamar ba shi ba. Irinsa kima ne, a duniya duka wajen dubu ɗaya ne. Ba a san shi a ƙasar Hausa ba, shi ya sa Hausa ba ta yi masa suna ba. Mutanen Ingila da na Faransa suna rubuta sunansa "geyser". A bakin mutumin Ingila yakan fito kamar "giza", a bakin Ba'amurke kamar "gaiza". Asalin kalmar kuwa ba daga Ingila ba ne, ba daga Faransa ba. Sunan marmaro guda ɗaya ne, Geysir, a wani kwari cikin tsibirin Aislan.

Aislan tsibiri ne can arewa mai nisa, cikin tekun Atalantika, tsakanin Norwe da Girinlan. Ƙasa ce ta ƙanƙara a bisa, wuta a ƙarƙashi, gama tana da duwatsu masu aman wuta da yawa, girgizar ƙasa kuma ba baƙuwa ba ce a wurin. Mutanen Norwe ne suka fara zama a cikinta wajen shekara ta 874. Tun saukarsu suka ga tururi yana tashi daga ƙasa, suka ɗauka hayaƙi ne, har suka sa wa wurin suna Reykjavik, wato gaɓar teku mai hayaƙi. Shi ne babban birninsu a yau.

Kamar yadda makiyayi yake da suna ga kowane launin saniya, haka mutanen Aislan suke da kalmomi dabam dabam ga ruwan zafi. Wanda ɗuminsa ya yi daidai da jiki, ana wanka da wanki a ciki, sukan ce masa "laug". Ranar Asabar ma a harshensu daga wannan kalma ta sami suna, ranar wanka ke nan. Wanda yake tafasa, ba mai iya sa hannu, sukan ce masa "hver", tsohuwar kalma ce mai ma'anar tukunya. Wanda kuma yake tsartuwa sama sunansa "goshver", wato tukunya mai amai. Ya kamata mai karatu ya riƙe wannan ta ƙarshe, domin za a komo kanta.

Ruwan zafin nan ya shiga har cikin tarihin ikilisiyarsu. Wajen shekara ta 1000, a babban taron ƙasa da ake yi a Thingvellir, mutane suka rabu biyu, masu bin addinin gargajiya da Kirista, har aka kusa zub da jini. Aka bar wa Thorgeir, mai faɗar shari'a, ya yanke magana. Shi kansa ba Kirista ba ne. Ya lulluɓa da bargo yini ɗaya da kwana ɗaya, da ya tashi ya ce ƙasa ɗaya ba ta zama da doka biyu, kowa ya karɓi baftisma. Tsofaffin littattafansu sun ce da yawa ba su yarda su shiga ruwan sanyi na wurin taron ba, sai a kan hanyar komawa gida aka yi musu baftisma cikin maɓuɓɓugai masu ɗumi. Ɗaya tana nan a Laugarvatn har yau, ana ce mata tafkin da aka tsarkake. Wanda ya san sanyin hunturu da asuba ba zai yi saurin ganin laifinsu ba.

Kwarin da Geysir yake ciki sunansa Haukadalur, wato Kwarin Shaho, a kudu maso yammacin tsibirin. Ba daji ba ne da ba kowa. A ƙarshen ƙarni na 11 akwai makaranta a wurin, wadda Teitur ya kafa, ɗan Isleifur bishop na fari na Aislan. A wannan kwari aka goyi Ari, wanda suke kira Ari Masani, tun yana ɗan shekara 7 har ya yi shekara 14 a wurin. Mai riƙonsa tsoho ne da ya tuna ranar da aka yi masa baftisma yana ɗan shekara 3. Ari ne ya fara rubuta tarihin ƙasar da harshenta, wajen 1130. Abin mamaki, mutumin da ya yi girma a bakin wannan wuri bai ambaci ruwa mai tsartuwa cikin littafinsa ba. Masu binciken ƙasa sun nuna cewa zafin wurin ya yi dubban shekaru, saboda haka tururi yana nan a zamaninsa. Mai yiwuwa ne babban ramin yana barci a lokacin, ko kuwa Ari bai ga abin rubutawa cikin abin da ya saba gani kullum ba.

Ambato na fari yana cikin littattafan lissafin shekaru, a ƙarƙashin 1294. A wannan shekara aka yi babbar girgizar ƙasa a kudancin tsibirin, aka rubuta cewa manyan maɓuɓɓugai masu tafasa sun ɓullo kusa da Haukadalur, waɗansu na da kuma sun ɓace. Ba a ba kowannensu suna ba. A 1630 ƙasa ta sāke girgiza, maɓuɓɓugan suka yi ta amai da ƙarfi. Sai a 1647 sunan Geysir ya bayyana a rubuce, cikin wani bayani game da ƙasar wanda Brynjolfur Sveinsson ya yi da harshen Latin. Shi ne bishop na Skalholt a lokacin, kujerarsa kuwa ba ta da nisa da kwarin. Mutum ne mai tattara tsofaffin littattafai, shi ne ya aika wa sarkin Danmak da shahararren kundin waƙoƙin kakanninsu. Ba shi ya ƙaga sunan ba. A bakin manoman wurin ya ji shi, ya sa a takarda.

Ma'anar sunan ba ta da wuya. A harshen Aislan, da tsohon harshen Norwe wanda ya haife shi, akwai aikatau "geysa", wato ruwa ya ɓarko da ƙarfi, ya yi tsartuwa. 'Yar'uwarta ita ce "gjosa", wadda ake faɗa wa dutse in ya yi aman wuta. Ƙarshen nan "ir" da aka liƙa shi yake mai da aiki ya zama sunan mai yinsa, kamar yadda Hausa take gina "maɗinki" daga ɗinki, ko "maɓuɓɓuga" daga ɓuɓɓuga. Geysir ke nan Mai Tsartuwa. Laƙabi ne irin wanda manomi yakan sa wa abin da yake maƙwabtaka da shi. Sauran ramukan kwarin ma kowanne da nasa. Na kusa da shi sunansa Strokkur, wato dogon akushin katako da matansu suke kaɗa nono a ciki su fid da man shanu, domin yadda ruwansa yake hawa yana sauka kafin ya fashe. Wani kuma Blesi, sunan da sukan ba doki mai farin goshi. Da a ce Strokkur ne ya fi girma a lokacin da baƙi suka fara zuwa, da watakila yau duniya tana kiran dukan irinsu da sunan abin kaɗa nono.

Baƙi ne suka fitar da sunan daga kwarin. A 1772 Joseph Banks, Baturen Ingila mai binciken tsire-tsire wanda ya zaga duniya tare da Kyaftin Cook, ya zo Aislan da ƙungiyarsa. A cikinsu akwai wani saurayi ɗan Suwidin, Uno von Troil, wanda daga baya ya zama babban bishop na Uppsala. Ya rubuta wasiƙu a kan abin da ya gani, aka buga su da harshensa a 1777, aka juya su zuwa Ingilishi a 1780. Masu karatu a Turai ba su taɓa ganin irin wannan abu ba, ba su kuma da kalma dominsa, gama a sauran Turai ruwan zafi wanka ake yi da shi, ba ya tashi sama. Sai suka ɗauki sunan babban ramin suka yi masa jam'i, suka shiga cewa "geysers" ga dukan ramukan kwarin. Daga nan babban baƙin farko ya koma ƙarami, suna ya zama kalma.

A 1814 da 1815 Ebenezer Henderson, mai wa'azi ɗan Sikotlan, ya zaga tsibirin a kan doki yana rarraba Littafi Mai Tsarki da harshen Aislan. Da taimakonsa aka kafa ƙungiyar Littafi Mai Tsarki ta ƙasar a 1815. Ya kafa alfarwarsa a Haukadalur, littafin tafiyarsa kuma da aka buga a 1818 ya ƙara yaɗa labarin wurin. Ya ba da labarin yadda ya zuba duwatsu cikin Strokkur har ramin ya yi amai. Matafiyan da suka biyo bayansa suka mai da wannan al'ada, suna cusa duwatsu da ɓurɓushin ƙasa mai ciyawa, domin ba su da haƙurin jira.

Wanda ya bayyana yadda abin yake aiki shi ne Robert Bunsen, Bajamushe masanin kimiyya, wanda murhun ɗakin gwaji na makarantu yake ɗauke da sunansa. Ya zo a 1846, bayan dutsen Hekla ya yi aman wuta a 1845. Ya zura ma'aunin zafi cikin maƙogwaron Geysir, wanda zurfinsa ya fi mita 20, ya tarar zafin ruwan da yake can ƙasa ya wuce digiri 120, amma bai tafasa ba. Ruwan tukunya kuwa a digiri 100 yake tafasa. Dalili shi ne nauyi. Ruwan sama yana danne na ƙasa kamar murfin da aka ɗora wa dutse, ruwan da aka danne kuwa sai zafi ya ƙaru sosai kafin ya tafasa. Duwatsu masu zafi suna ta dafa shi daga ƙasa. In kumfar tururi ta taso ta tura ɗan ruwa ya zube ta baki, nauyi ya ragu ke nan, sai na ƙasa ya zama tururi nan take. Tururi kuwa yana cin wuri fiye da ruwan da ya fito daga cikinsa sau dubu da ɗaruruwa. Ba shi da hanya sai sama, sai ya ɗauki dukan ruwan ya watsa. Sa'an nan ramin ya sāke cika a hankali, a koma fari. Wannan ya nuna abin da ya sa irinsu ba su da yawa: sai an sami zafi, da ruwa isasshe, da rami mai ƙunci wanda bangonsa ba ya yoyo, duka a wuri ɗaya.

Sa'ad da Turawa suka ci karo da irin waɗannan ramuka a waɗansu ƙasashe, kalmar tana bakinsu tun tuni. A 1870 wata ƙungiyar masu bincike ta shiga Yellowstone a Amurka, ta sa wa wani rami suna Old Faithful, wato Tsoho Mai Aminci, domin ba ya saɓa lokacinsa. A 1872 aka keɓe wurin ya zama gandun ƙasa. Kusan rabin masu tsartuwa na duniya a nan suke, wajen 500, har da Steamboat wanda ruwansa yakan wuce mita 90. A 1941 Tatyana Ustinova ta gano wani kwari cike da su a Kamcatka, gabashin Rasha, aka kuwa sa masa suna da wannan kalma. Akwai su a El Tatio cikin Cile, akwai su a bakin tafkin Bogoria a Kenya. A Niyu Zilan akwai Waimangu, wanda ya yi aiki daga 1900 zuwa 1904, yana jefa baƙin ruwa da laka fiye da mita 400, har ya kashe mutum 4 a 1903. Mutanen Maori na wannan ƙasa suna da nasu kalmomi tun kafin zuwan Turawa: "puia" ga mai tsartuwa, "ngawha" ga mai tafasa, "waiariki" ga na wanka. Rabe-rabe uku ke nan, daidai da na mutanen Aislan, ko da yake ba su taɓa jin labarin juna ba. Amma kalmar da ta shiga littattafan makaranta ita ce ta wanda ya riga buga littafi. Ba domin ta fi dacewa ba ne.

Kalmar ba ta tsaya a nan ba. A 1868 wani mai fenti a Landan, Benjamin Maughan, ya ƙera na'urar dafa ruwan wanka da iskar gas, ya sa mata wannan suna. Har yau a Indiya da Afirka ta Kudu in mutum ya ce "giza" ɗinsa ta lalace, tankin ruwan zafi na banɗaki yake nufi. Masana duwatsu suna kiran farin ɓawon da ruwan yake bari a bakin rami "geyserite". A 1989 kumbon Voyager 2 ya hango abu yana tsartuwa daga Triton, watan duniyar Neptune, a 2005 kuma kumbon Cassini ya ga ƙanƙara tana feshi daga Enceladus, watan Saturn. Dukansu da laƙabin manoman Haukadalur aka kira su, ko da yake sanyi ne a can, ba zafi ba.

Shi mai sunan fa? Labarinsa bai yi daɗi kamar na sunansa ba. A kwanakin ƙarfinsa yakan kai mita 70. Amma ƙarfinsa yana bin girgizar ƙasa ne: in ta zo ta buɗe hanyoyin ruwa sai ya farka, in shekaru suka wuce farin ɓawon ya toshe su sai ya yi sanyi. A 1894 manomin da yake da filin ya sayar wa James Craig, ɗan gidan masu yin barasa daga arewacin Ailan, wanda ya kewaye wurin da shinge yana karɓar kuɗin shiga. Filin ya yi ta sauya hannu tsakanin baƙi har shekara 40. Girgizar 1896 ta farkar da Geysir, ta kuma toshe Strokkur. Wajen 1916 Geysir ya yi shiru kusan gaba ɗaya.

A 1935 wani ɗan ƙasa, Sigurdur Jonasson, ya sayi filin ya ba al'ummar Aislan kyauta. A wannan shekara aka sare ɓawon bakin ramin aka yi lambatu, domin ruwan sama ya ragu, nauyi ya sauka, bisa ga abin da Bunsen ya bayyana. Ya farka na ɗan lokaci, lambatun ya toshe, ya koma barci. A 1981 aka sāke haƙa shi. Aka kuma shiga zuba masa sabulu mai yawa a ranakun biki ko in manyan baƙi sun zo, gama sabulu yana sa kumfa ta tashi da sauri, ramin ya yi amai ko bai shirya ba. Kamar tsohon maroƙi ne da ake tasa a gaba ya yi wasa domin sunansa ya riga ya tafi. Mutane sun zo daga nesa domin kalmar da suka karanta, masu gida kuma suna jin kunya baƙo ya koma bai ga kome ba. A shekarun 1990 aka daina wannan, da aka gane ɓarna ce. Girgizar ƙasa ta watan Yuni 2000 ta sāke tashe shi ba da hannun mutum ba, ya yi 'yan shekaru yana tsartuwa, sa'an nan ya yi ta raguwa. A 2020 gwamnati ta sa dukan wurin ƙarƙashin dokar kariya.

Mutanen Aislan kansu ba su karɓi kalmar da duniya ta ara daga gare su ba. A wurinsu Geysir ɗaya ne tak, da babban baƙi, a Haukadalur. In ɗan makarantarsu zai yi zancen na Yellowstone ko na Kenya, "goshver" zai ce, kamar kakanninsa.

Strokkur kuwa, wanda girgizar 1896 ta toshe, an buɗe maƙogwaronsa a 1963. Tun daga lokacin yake tsartuwa bayan kowane minti 6 zuwa 10, yawanci mita 15 zuwa 20. Shi baƙi suke kewayewa da wayoyinsu a ɗage, su koma gida su ce sun ga "geyser". 'Yan taku kaɗan daga nan akwai wani tafki mai faɗin kamar mita 18, ruwansa a kwance, tururi yana tashi daga kansa a hankali, da wani dutse a gefe wanda aka sassaƙa sunan a jikinsa.